Rubutu Garau, Fuska a Farfashe

Duk wanda ya bi titin da ya tashi daga PZ a Sabon Garin Zariya, ya ratsa Kwangila da Palladan har ya dire Samaru, zai ga fastoci fiye da yadda zai iya ƙirgawa. Ga ta ɗaurin aure, ga ta saukar Alƙur'ani, ga ta ɗan takarar kansila, ga ta taron coci, ga ta ɗaliban Jami'ar Ahmadu Bello da suka kammala karatu. Yawancinsu a kan ledar fileks aka buga su, wasu tsayin mutum, wasu sun rufe bangon shago. Daga cikin bas ko Keke kowacce da kyaunta. Sai mutum ya sauka ya matsa kusa yake ganin wata cuta da ke bin fastocin ɗaya bayan ɗaya. Rubutun ya fita garau, gefen kowane harafi a miƙe, amma fuskar mai fastar ta farfashe. Kumatu ya rabu gida-gida, ido ya dushe, jar hula ta malalo kan goshi.

A shagunan buga fasta rigimar ba baƙuwa ba ce, kuma kusan kullum salonta ɗaya.

"Malam, wannan ai ba fuskar ɗana ba ce. Injinku ya lalace."

"Wallahi Hajiya lafiyarsa ƙalau. Dubi rubutun ki gani. Hoton da aka turo mana ne haka."

"Wane irin haka? A wayata fes yake. Ungo, duba."

A duba wayar, hoton kuwa fes. A duba rubutun, shi ma fes. Babu wanda ya yi ƙarya a cikinsu, ga kuma fasta ta lalace, an yi asarar leda da tawada, biki gobe.

Ruwa ba ya tsami banza. Idan aka shimfiɗa irin wannan fasta a ƙasa aka duba ta da natsuwa, alamu biyar ake samu. Rubutu bai lalace ba ko kaɗan. Fuska ta rabu zuwa gidaje masu kusurwa huɗu, kowanne kusan inci ɗaya. Jan launi ya fi sauran malala. Wani lokaci harafin ɗ na "ɗaurin aure" yakan fito da wata siffa dabam da ta 'yan uwansa, ko a ga akwati fanko a gurbinsa. Sannan daga tsallaken titi duk wannan ɓarna ba ta ganuwa. Bayanin da zai gamsar dole ya warware duka biyar ɗin.

Wanda aka fara zargi

Inji ake fara kamawa, don shi ne na ƙarshe da ya taɓa aikin. Babban injin fileks yana aiki da tawada kala huɗu: shuɗi mai haske, ja mai ruwan hoda, rawaya da baƙi. Kansa yana kai-komo daga hagu zuwa dama yana fesa ɗigogin tawada ɗaruruwa a kowane inci, leda tana matsawa gaba kaɗan-kaɗan. Bai san harafi ba, bai san hanci ba. A tafiya guda yakan ratsa sunan ango ya ratsa kunnensa, da tawada ɗaya, a daƙiƙa ɗaya.

Injin da ba shi da lafiya yana da alamominsa, masu aikin sun san su sarai. In kan ya toshe, siraran fararen layuka ke ratsa fastar daga wannan gefe zuwa wancan, su bi ta kan rubutu da hoto ba zaɓe. In tawada ɗaya ta ƙare, launin fastar gaba ɗaya ke juyewa. Babu lalacewar da za ta tsallake haruffa ta sauka a kan kumatu kaɗai.

Akwai kuma hujjar da ta fi wannan ƙarfi. Gidajen nan da suka raba fuskar, iyakokinsu a miƙe suke, tsaye da kwance, kowanne daidai da maƙwabcinsa a girma. Tsiyayar tawada ba ta san tsari irin wannan ba. Ashe gidajen suna cikin abin da aka miƙa wa injin, shi kuwa ya buga su yadda aka ba shi. An wanke inji.

Na biyu, kyamara

Daga nan sai a koma kan waya, a ce ai ƙaramar waya ce ta ɗauki hoton. Kafin a yanke mata hukunci sai an san mene ne hoto a wajen kwamfuta.

Hoto jerin ɗigogi ne a sahu-sahu. Kowane ɗigo lambobi uku ne, na ja da na kore da na shuɗi, kowace lamba tsakanin 0 da 255. Babu fuska a ciki, babu hula, lambobi ne kawai a jere. A 1957 Russell Kirsch, ma'aikacin hukumar ma'auni ta Amurka, ya shigar da hoton jaririnsa cikin kwamfuta, hoton da ake lissafawa cikin na farko da aka taɓa yi wa haka. Ɗigo 176 ne a kwance, 176 a tsaye, jimilla 30,976.

Wayar Tecno ko Infinix da ake sayarwa a kasuwar Sabon Gari yau ba ta rasa ɗaukar ɗigo miliyan 12, wato 4,000 a dogon gefe, 3,000 a gajeren. A ɗauka ana son kan ango da kafaɗunsa su cika faɗin ƙafa uku a fasta, inci 36 ke nan. In aka raba 3,000 da 36, ana samun ɗigo 83 a kowane inci, kowane ɗigo bai kai sulusin milimita ba. Wanda ya tsaya taku biyu daga fastar ba zai iya rarrabe su ba. In dai an ɗauki hoton da rana, hannu bai karkarwa ba, wayar ta ba da abin da ya wadatar har da saura. Ita ma an wanke ta.

To ɗigogi miliyan 12 sun fito daga kyamara, inji kuma lafiya lau. Wani abu ya faru a tsakani. Amma kafin bin sawunsa, akwai alamar farko da ke jiran amsa: me ya kare rubutu daga abin da ya ci fuska?

Harafi ba hoto ba ne

Amsar tana cikin wani fannin ilimi da aka haifa a farkon shekarun 1960, ilimin zane da kwamfuta, inda lissafi da zane suka haɗu. A 1963 wani ɗalibin digirin digirgir a jami'ar MIT, Ivan Sutherland, ya gabatar da manhajar da ya sa wa suna Sketchpad. Mutum yana riƙe alƙalami mai ganin haske ya yi zane a kan gilashin kwamfuta. Abin da ya bambanta ta shi ne yadda take tuna zanen. Ba ta ajiye ɗigogin layi. Tana ajiye bayaninsa ne: ya tashi daga nan, ya ƙare a can, yana tsaye a kan wancan layin. In aka ce a faɗaɗa zanen, sai ta sake zana shi daga bayanin, sabo fil.

Miƙaƙƙen layi mai sauƙi ne. Lanƙwasa ce mai wuya, kuma daga masana'antar motoci ta Faransa maganinta ya fito. Paul de Casteljau na kamfanin Citroën ya gano hanyar a 1959, kamfanin ya ɓoye ta a matsayin sirrin sana'a. Pierre Bézier na Renault ya iso gare ta ta tasa hanyar, ya bayyana ta ga jama'a, don haka sunansa ne ya bi ta. Dabarar ita ce a kafa turaku uku ko huɗu: ɗaya inda layin zai tashi, ɗaya inda zai sauka, sauran kuma a gefe suna janyo shi ya lanƙwasa. Da 'yan lambobi kaɗan an bayyana bayan mota, ko cikin harafin b.

A 1968 Sutherland ya koma Jami'ar Utah wajen David Evans, sashensu ya zama makarantar da ta yaye manyan wannan fanni. Daga can Ed Catmull ya fito, wanda ya jagoranci kamfanin finafinan zane na Pixar. Daga can John Warnock ya fito, wanda shi da Charles Geschke suka kafa Adobe a 1982, suka fitar da PostScript a 1984, harshen da ke bayyana wa injin bugu shafi ta hanyar layuka da lanƙwasa. A 1989 wani kamfani a Ottawa ta Kanada ya fitar da CorelDRAW, wadda har yau ita ce ke buɗe a yawancin kwamfutocin masu dizayin daga Sabon Gari zuwa Samaru. Yaron da ke jan turke da linzami a shagon kwamfuta, lissafin Bézier yake sarrafawa ko da bai taɓa jin sunansa ba.

Mutanen Zazzau ba sa buƙatar dogon bayani a nan. David Heathcote, wanda ya koyar a Jami'ar Ahmadu Bello da ke Samaru ya kuma rubuta kundin digirinsa a kan ɗinkin tufafin Hausawa, ya yi nazarin masu zanen riga, waɗanda ke fitar da aska biyu ko aska takwas a kan yadi kafin a miƙa wa masu ɗinki. Mai zanen ba adadin sukar allura yake riƙe da shi a kansa ba. Ƙa'ida yake riƙe da ita: nan aska ta tashi, nan ta tsuke, nan dagi ya sarƙe. Ba shi rigar yaro ko ta hakimi, zai fitar da ita daidai jikin yadin. Rigar da aka riga aka ɗinke kuwa adadin zarenta ya ƙayyadu, ja ta iya ƙarfinka ba za ta ƙara suka ɗaya ba. Harafi a kwamfuta irin ilimin mai zane ne, hoto kuwa ɗinkakkiyar riga.

Sai a matakin ƙarshe, gab da bugu, ake mayar da harafin ɗigogi, kuma daidai da ƙanƙantar ɗigon injin. Tun 1962 Jack Bresenham na kamfanin IBM ya tsara hanyar zaɓar ɗigogin da suka fi dacewa da miƙaƙƙen layi. Shi ya sa harafi mai tsayin ƙafa biyu yake fita da kaifin da na katin gayyata ke fita da shi.

Wannan bayani ya kwance alama ta huɗu a kyauta. Tun da kowane harafi umarni ne da wani ya zauna ya tsara, salon rubutun da mai shi bai tsara ɗ da ƙ da ɓ ba, ba shi da abin da zai zana in an kira su. Sai kwamfuta ta aro daga wani salon, harafin ya fito bare a cikin dangi, ko ta ajiye akwati fanko. Haruffan suna da lambobinsu a tsarin Unicode tun farkon shekarun 1990. Siffarsu ce ba a zana ba a yawancin salon ado da masu dizayin ke so. Don gudun wannan ne ake ta buga "daurin aure" ba lanƙwasa, a garin da Abubakar Imam ya fara shirya Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939, inda madabba'ar Gaskiya ta daɗe tana buga haruffan nan da ƙarfe.

Bin sawun hoton

An san yanzu hoto ba ya ƙara ɗigo. Saura a gano inda ya rasa waɗanda yake da su. In aka tambayi yadda hoton ya iso shago, labarin da wuya ya sauya. Wani aboki ne ya ɗauka a wajen wani biki, ango yana tsaye cikin mutum biyar ko shida. Ya tura wa ƙanwar ango ta WhatsApp, ita ta tura wa uwar, uwar ta tura wa mai dizayin. Wani lokaci ma daga Facebook aka sauko da shi, ko aka ɗauki hoton gilashin waya daga sitatus ɗin wani.

Manhajojin aika saƙo an gina su ne don hoto ya isa da sauri ba tare da cinye data ba, abin da duk mai sayen data da kuɗinsa zai gode wa. In aka aika hoto ta hanyar da aka saba, WhatsApp yakan rage dogon gefensa zuwa kimanin ɗigo 1,600. Hoton 4,000 da 3,000 ya koma 1,600 da 1,200, miliyan 12 sun koma ƙasa da miliyan biyu. Sannan mai dizayin ya yanke ango daga cikin abokansa. A ce kansa da kafaɗunsa sun ci ɗigo 300 a faɗi, 400 a tsayi. Jimilla 120,000, kashi ɗaya cikin ɗari na abin da kyamara ta ɗauka.

Yanzu a baza ɗigo 300 a kan inci 36. Takwas ke nan da 'yan kai a kowane inci, kowane ɗigo ya kumbura ya kai milimita uku. Dushewar ido da gashin baki ta samu bayani. Ƙwayar idon da kyamara ta zana da ɗigogi masu yawa ta koma 'yan ƙalilan.

Amma ba a nan gizo ke saƙa ba. In aka ɗora ma'auni a kan gidajen da suka raba kumatu, ba milimita uku ake samu ba. Kusan inci ɗaya ake samu, ninki takwas na ɗigon. Manhajojin dizayin ma sukan shafe iyakar ɗigo da ɗigo in suna faɗaɗa hoto, don haka ɗigo ɗaya-ɗaya ba ya fitowa a matsayin gida. Gidajen nan wani abu ne dabam, kuma lambar takwas ita ce sawun da ya bari.

Takwas sau takwas

Hoto mai ɗigo miliyan 12, in za a ajiye lambobinsa uku-uku yadda suke, zai ci megabait 36. A waya kuwa bai fi uku ko huɗu ba, wanda ya biyo ta saƙo kuma 'yan ɗaruruwan kilobait ne ko ƙasa da haka. Abin da ke matse shi haka shi ne tsarin JPEG, wanda aka amince da shi a 1992. Zuciyar tsarin wani lissafi ne da Nasir Ahmed, injiniya haifaffen Indiya da ke koyarwa a jami'ar jihar Kansas a Amurka, ya fara tunaninsa a 1972, ya wallafa shi a 1974 tare da T. Natarajan da K. R. Rao.

Ga yadda yake aiki. Ana yanka hoto gida-gida, kowane gida ɗigo takwas a kwance, takwas a tsaye, 64 ke nan. Maimakon a rubuta ɗigogin ɗaya bayan ɗaya, sai a bayyana gidan a matsayin gaurayen zubi 64 da aka riga aka sani. Zubi na farko launi ɗaya ne shimfiɗe, matsakaicin hasken gidan. Na kusa da shi haske ne da ke raguwa a hankali daga wannan gefe zuwa wancan. Ana tafiya zubin yana ƙara tsukewa, har a kai ga na ƙarshe, mai sauya haske da duhu daga ɗigo zuwa ɗigo. A wannan mataki ba a yi asarar komai ba. Babbar asarar tana zuwa a mataki na gaba, inda ake taƙaita lambobin. Idon ɗan Adam bai cika lura da tsukakken zubi ba, sai a zagaye lambobinsa, da yawa su koma sifili, sifili kuwa ba ya cin wuri.

In matsin kaɗan ne, babu mai ganewa. In ya yi yawa, gida yakan rage da zubi biyu ko uku kacal. Ramukan fata, gashin gira, saƙar hula, duk sun tafi. Kowane gida kuma shi kaɗai aka yi wa lissafinsa, bai san halin da maƙwabcinsa ke ciki ba, sai hasken wannan ya ƙi haɗuwa da na wancan a kan iyaka. Ɗigo takwas masu milimita uku-uku sun ba da milimita 24, inci ɗaya ba kaɗan. Gidajen da ke kan kumatun ango su ne gidajen JPEG, an faɗaɗa su har ido ya kama su. Duk lokacin da aka yanke hoto, ko aka gyara shi aka sake ajiyewa a wannan tsari, ana sake zubar da wani abu.

Jar hular ma a nan take da amsa. Kafin yankan gida-gida, JPEG yakan raba hoto kashi biyu, haske dabam, launi dabam. Ido ya fi kaifi wajen gane haske da duhu fiye da launi, don haka a mafi yawan hotuna ɗigogi huɗu ne ke tarayya a bayanin launi guda. Fata da farar shadda ba su cika tona wannan asiri ba. Ja mai ƙarfi da ke maƙwabtaka da baƙar fata shi ke tona shi, domin iyakarsu ta launi ce fiye da ta haske. Sai jan ya tsallaka goshi da faɗin ɗigo ɗaya ko biyu, wanda a fasta ya kai rabin santimita.

Me ya sa a waya fes yake?

Saura gaskiyar uwar ango da gaskiyar mai kallo daga tsallaken titi, kuma gaskiya ɗaya ce. Ido mai lafiya yana rarrabe abin da ya kai kashi ɗaya cikin sittin na digiri. A aikace, kowace mita ɗaya ta nisa tana ɓoye kusan sulusin milimita. Gilashin waya yana cusa ɗigo ɗari uku zuwa ɗari huɗu a inci guda, don haka ɗigogi 300 ɗin nan kusan inci ɗaya suke ci a wayar. A wannan girma ba abin da zai nuna. A fasta an ninka shi fiye da sau talatin. Ɗigo mai milimita uku kuwa sai an ja da baya kimanin mita goma yake ɓacewa, wato faɗin titi. Shi ya sa allon talla na saman gada ke wadatuwa da ɗigogi ƙalilan a inci, fastar biki kuwa, wadda baƙi za su jingina da ita a ɗauke su hoto, ba ta da wurin ɓuya.

Waya tana da wata fa'idar. Ita haske take fitarwa, leda kuwa jiran hasken waje take, tawada tana shanye wani ta mayar da saura. Inuwar da ke da matakai a gilashi takan cushe ta zama duhu ɗaya a bugu, kuma kyaun baƙar fata a cikin waɗannan matakan yake. Mai dizayin da ya taɓa ƙonewa sai ya riƙa ƙara wa kowace fuska haske tun kafin bugu, har a buga mutum ya fi kansa fari.

Maganin da ya fi cutar

A 'yan shekarun nan an samu manhajojin ƙirƙirarriyar basira da ke karɓar dusasshen hoto su mayar da shi tangaran, kuma sun shiga shagunan dizayin. Ga wanda ya biyo lissafin nan tambaya ɗaya ce: daga ina suka samo abin da aka zubar? Ba su samo shi ba. An horar da su da ɗimbin fuskokin wasu mutane, sai su cike gurbin da abin da ya fi kama da waɗanda suka saba gani. A 2020 masu bincike a Jami'ar Duke ta Amurka sun fitar da irin wannan manhaja mai suna PULSE. Wani ya ba ta dusasshen hoton Barack Obama, ta fitar da fuskar Bature. Masu ita sun bayyana cewa ba gano ainihin mutum take yi ba, fuskar da za ta iya dacewa take ƙirƙirowa.

A nan gida haɗarin a fili yake. Manhaja tana iya ɗaukar bille ko 'yan baka a matsayin datti ta goge, ta sauya tsinin hanci, ta shirya haƙoran da ke da wushirya. An gudu daga gara an faɗa gidan zago: da fuskar a farfashe take amma ta mai ita ce, yanzu ta fita tas amma ta wani ce. Ga fastar ta'aziyya, inda sau da yawa hoto ɗaya tak ya rage na mamaci, wannan ba ƙaramin abu ba ne.

Hukunci

Babu ɓarawo ɗaya. Hoton ya yi asara a hannu uku, kowanne da niyyar alheri: manhajar da ta rage shi don tausayin data, tsarin da ya matse shi bisa zaton a ƙaramin gilashi za a kalle shi, da mai dizayin da ya yanko mutum ɗaya daga taro ya baza shi a ƙafa uku ba tare da ya ƙirga ba. Na ƙarshen ne kaɗai ke da damar tsayar da aikin.

Rigakafin ba ya cin ko kwabo. A nemo hoton daga wayar da ta ɗauke shi, a aiko shi a matsayin dokumen, ko ta kebul ko filash. In da hali a ɗauki sabo, mutumin shi kaɗai, da hasken rana. Tambarin makaranta ko na ƙungiya kada a faɗaɗa hotonsa, a sake zana shi da turaku sau ɗaya a ajiye. A zaɓi salon rubutu mai ɗ da ƙ da ɓ.

Abin da ya rage aikin Samaru ne. Tun 1955 ake koyar da zane a can, a tsohuwar kwalejin da ta zama Jami'ar Ahmadu Bello a 1962. A 1958 ɗalibanta, irin su Uche Okeke da Demas Nwoko da Bruce Onobrakpeya da Yusuf Grillo, suka kafa ƙungiyar masu zane ta Zariya, suna cewa a ƙware a dabarun Turawa amma a yi musu aiki da zanen gida. Yau jami'ar tana da sashen zane, da sashen tsara kayan masana'antu inda ake koyar da dizayin, da sashen kimiyyar kwamfuta, da cibiyar kwamfuta mai sunan Farfesa Iya Abubakar. Masu ido suna wannan gini, masu lissafi suna wancan, shagunan da ke buƙatar duka biyun kuma kuɗin bas ɗaya ne tsakani. Salon rubutu na ado masu haruffan Hausa cikakku, da taskar dagi da aska da zanen bangon Zazzau da aka zana da turaku yadda kowa zai ɗauka ya faɗaɗa, da gwajin tawada a kan baƙar fata, duk ayyukan kammala digiri ne da ke da masu jiran su a Sabon Gari.

Kafin a kai can, mai shago yana iya raba gardamar da lissafi biyu tun bai kunna inji ba. Ya raba adadin ɗigon hoton da incin da zai cika a fasta. Sannan ya tambayi daga nisan mita nawa za a kalle ta, ya raba 90 da wannan nisa. Fastar da za a tsaya mita biyu daga gare ta tana son ɗigo 45 a inci, ta tsallaken titi tara sun ishe ta. In amsar farko ta gaza ta biyu, a rage girman fuskar ko a nemo wani hoton, kada a yanka leda.